Farar Rigar Malam Labbo

A Birnin Ƙonni in ka ce Isiyaku, za a tambaye ka wanne, don a bakin tasha kaɗai Isiyaku sun fi goma. Amma in ka ce Dogo Mai Kyamara, har mai tallar ƙanƙara zai nuna maka shagonsa, can bayan kasuwa, tsakanin mai gyaran babur da wani tela da bai taɓa cika alkawari ba. Shekara talatin ke nan Dogo yana kallon duniya da ido ɗaya, ɗayan a runtse, har kafaɗarsa ta dama ta saba da kaya ta zauna ƙasa da ta hagu. Ya ɗauki gwamnoni, ya ɗauki ƴan kokawa da amare da mushen shanu. Mutum ɗaya ce ta gagare shi a duk faɗin jihar Tawa, ita ce Inna Saude, wadda ta haife shi.

Dogon ma ba wani tsawo gare shi ba. Ɗan fari ne, iyayensa ba sa kama sunansa, sai suka laƙa masa Dogo tun yana rarrafe, wataƙila don fata. Fatan bai karɓu ba, sunan ya zauna.

Mutumin Tajaye ne. Ubansa Malam Labbo manomi ne irin wanda ake buga misali da shi, wanda sabon hatsi kan tarar da tsoho a rumbunsa. Ya sa yaron lakwal, wato makarantar boko, yaro ya yi ta faɗuwa jarrabawa har mushe, malamin ajinsu, ya gaji da ganinsa, daga nan ya gangaro Ƙonni ya kama aiki wurin wani tsohon ma'aikacin talabijin da ya buɗe shagon hoto. Tsohon nan masifaffe ne, amma abu biyu ya dasa wa Dogo a ka har suka zame masa jiki. Na farko, sabon kasat ba a fara aiki a bakinsa, sai a bar shi ya ɗan yi gudu tukuna. Na biyu, kyamara ba ta san fari ba sai an nuna mata. Kafin a ɗauki komai sai a cika mata ido da wani farin abu, takarda ko ƙyalle, a danna maɓalli, a ce mata wannan shi ne fari. Daga nan take auna sauran launuka. In ka nuna mata farin ƙarya, duk abin da ta ɗauka ranar zai fito a gurɓace.

Da wannan ilimi Dogo ya shiga duniya. Ya yi bukukuwa da sunaye, ya yi wa talabijin rakiyar manya in sun fito rangadi. Akwai wani tubali a wani ƙauye wajen Bazaga da ya ɗauka sau uku, manya uku daban-daban suna aza shi da tafi da guɗa, kuma har yau ajin lakwal ɗin bai tashi ba. Dogo bai taɓa cewa uffan ba. Shi dai nasa haske ya yi kyau, kan babban mutum kada ya fita daga hoto.

Sai shekarar dubu biyu da biyar ta zo. Fara ta riga ta yi ɓarna a daminar baya, ruwa kuma ya ɗauke da wuri, kafin sabuwar shuka ta kai gwiwa gidaje da yawa sun koma dafa anza, ƴaƴan wani itacen daji masu ɗaci. Fararen motoci suka cika hanya, kowace da tambarinta. Cikinsu akwai ta wata ƙungiya da wata Baturiya ke jagoranta, kowa na ce mata Madam. Mai ɗaukar hotonta ya ci wani kilishi da cikinsa bai amince da shi ba, ya kwanta a Ƙonni, aka ce a nemo Dogo. Madam ta ce tana son ƙauyen da yunwa ta kama sosai, don ta nuna wa masu bayarwa. Dogo ya ce ya san wuri, ya kai su garinsu.

Kuskurensa ɗaya, ya aika tun jajibiri cewa kyamara na zuwa.

Da suka iso, Tajaye kamar ranar Sallah. Matan da suka kwana uku ba su aza tukunya ba sun aro zannuwa, sun sa kwalli, sun ɗaura kallabi har yana tsokanar sama. An wanke yara an shafe su da mai suna ƙyalli. Madam ta fito daga mota ta duba gabas ta duba yamma, ta kusa fashewa da kuka. Ita ba ta san cewa a wurinmu yunwa ba ta fita zaure ba. Mutum zai kwana da ruwan zafi a ciki, da safe ya sa tsinke a baki yana sakace, don maƙwabci ya ɗauka nama ya ci. Wa zai tsaya gaban kyamara, abin da jikoki za su gani, ya tona wa kansa asiri?

Dogo ya zagaya gari yana roƙo, kowa ya ce masa Alhamdu lillahi, su lafiya lau suke. Da ya rasa yadda zai yi, sai ya shiga gida. Ya tarar da ubansa ya sha farar babbar rigarsa ta Sallah, mai aikin zare a ƙirji, yana jiran a zo a ɗauke shi kamar kowa.

Dogo ya durƙusa ya ce, "Baba, mutanen ga in ba su ga yunwa da ido ba, ba su kawo hatsi."

Malam Labbo ya ce, "To su shiga gidan Isuhu mana. Tun shekaranjiya ba a ga hayaƙi gidanai ba."

"Isuhu ya ari riga, shina can gaba-gaba da hula."

Tsohon ya yi dariya har da tari. Da ya lafa ya ce, "Kai kuma mi za ka samu?"

"Madam ta ce in hoton ya yi kyawo, tana sama mani aiki Yamai."

Malam Labbo ya shafa gemu. Can ya ce, "Mai jin yunwa shi ka kunyatta. Ni da ba ni jin ta, ina iya yin ta. Amma da sharaɗi, Dogo. In ka gama, ka ɗauke ni da wagga riga, in samu na nuna ma jikoki."

Dogo ya ce ya yi alkawari.

Aka ciro rigar mutum-mutumin da ke korar tsuntsaye a gonar bayan gida, aka zaɓi rumbun maƙwabcinsu Isufu, wanda ko ɓera ya daina leƙawa. Ba a samu farar takarda ba, sai Dogo ya gwada farinsa a ƙirjin rigar uban, sannan tsohon ya tuɓe ya zura tsumma. Madam ba ta san ubansa ba ne, ta ɗauka wani bawan Allah aka samo, Dogo kuma bai gyara mata ba.

A faɗi gaskiya, hoton ya yi. Hadari ya taso daga gabas baƙi ƙirin, rana ta leƙo ta ƙarƙashinsa ta yamma ta faɗa a gefen fuskar tsohon. Dogo ya durƙusa ya ɗauko shi daga ƙasa. Malam Labbo ya leƙa rumbu, ya zura hannu ya fito da shi wayam, ya juyo ya dubi kyamara. Daƙiƙa goma sha ɗaya ke nan. A duk shekarun da Dogo ya yi yana aiki bai sake ɗaukar abin da ya kai wannan kyau ba, kuma ya sani.

Bai sauke kyamara ba iska ta taso. Direba ya hau danna oda, yana cewa in ruwan nan ya sauka gulbi zai yanke hanya, sai a kwana biyu ba a fita ba. Madam ta riga ta shige mota. Dogo ya dubi ubansa tsaye cikin tsumma, ya dubi Inna Saude a bakin danga da farar riga rataye a hannu.

Ya ce, "Baba, in na dawo."

Tsohon ya ce, "Tahi, Allah shi kiyaye hanya."

Hatsi ya zo kuwa, motoci biyu manya. Isufu ya ci ya ƙoshi, har ya samu ƙarfin ba da labarin yadda aka yi. Dogo ya samu aikinsa a Yamai. Hoton kuma ya kama hanya, ya shiga talabijin na gida da na waje. Wata ranar kasuwar Badagishiri, Malam Labbo yana zaune a rumfar mai shayi sai ga shi a cikin akwatin, hannu a rumbu. Kowa ya juyo ya dube shi. Wani mara kunya daga baya ya ce, ga Labbo Yunwa. Tsohon ya kurɓe sauran shayinsa ya ce, "Ashe na iya wasa." Ya hau amalankensa ya koma gida. Mutumin da ya shekara arba'in bai fasa cin kasuwar nan ba, daga ranar bai sake taka ta ba.

Bai yi wa ɗansa ƙorafi ba ko sau ɗaya. In an samu mai zuwa Yamai sai ya ce a gaida Dogo, a ce masa rigar na nan. Dogo kuma kullum yana zuwa, wata mai kamawa. Hatsi ya shigo gida, azumi ya kai ashirin, zazzaɓin kwana huɗu ya ɗauke Malam Labbo. Dogo yana can Agadas yana ɗaukar tseren raƙuma, ko jana'iza bai samu ba. Da aka zo rabon gado aka nemi farar rigar sama da ƙasa, ba a gan ta ba. Aka tambayi Inna Saude, ta ce su raba abin da suka gani.

Daga nan tauraron Dogo ya haska. Ya yi shekara goma sha biyu a talabijin, ya yi finafinan Hausa da ƴan wasa na nan da na tsallaken iyaka, har aka san hannunsa: in ka ga fuska baƙa ta fito sumul a tsakar rana ba ta ƙone ba, to Dogo ne a bayan kyamara. Shi da kansa yakan ce rabin aikinsa sa wa masu hali tsumma ne, rabi kuma sa wa matsiyata shadda. Ya taɓa aro gidan wani Alhaji da motarsa ya zaunar da ɗan wasan da ko keke ba shi da shi, aka yi fim aka gama, ɗan wasan ya tuɓe kaya ya tafi gida a ƙasa. An ba shi kyauta a wani bikin finafinai, wani ƙarfe mai nauyi, yanzu shi ke tokare ƙofar shagonsa.

Malam Labbo kuwa bai huta ba. Duk shekarar da damina ta yi gardama sai a ciro shi. An nuna shi a labarin yunwar ƙasashen da bai taɓa jin sunansu ba. Mutumin da ba a taɓa ganin ƙasan rumbunsa ba, shekara ashirin yana zura hannu yana fitowa wayam. Sau da yawa a ɗakin haɗa labarai shugaban sashe kan leƙo ya ce wa Dogo, saka mana tsohon nan mai rumbu. Dogo ya saka. Bai taɓa gaya wa kowa a wurin ko wane ne ba, kuma duk sakawa sai ya ji kamar ya sake tuɓe wa ubansa riga da hannunsa.

Da wayoyi suka yi yawa, kowane mai yatsa ya zama mai kyamara, Dogo ya tattara ya dawo Ƙonni ya buɗe shago. A lokacin ne ya ce bari ya ɗauki tsohuwarsa, ya ajiye. Ya je Tajaye da kayan aiki, ya kafa ƙafafun kyamara a tsakar gida. Inna Saude ta dube shi, ta juya kujerarta ta fuskanci bango.

Abin haushin, ba hoto take ƙi ba. Jikoki na ɗaukar ta da waya safe da yamma, har gyara kallabi take tana tambaya ko ta fito. Shi ne dai, mai kyautar ƙarfe, da ya ɗaga kyamara sai ya ga ƙeya.

Ya ce, "Inna, mi na yi?"

Ta ce wa bango, "Inuwar giginya, na nesa ka sha. Ka ɗauki duniya duk da rigunansu. Kawo mani hoton Malam da rigatai, sannan ka zo mu yi magana."

Shekara bakwai ana haka. Dogo ya yi lallashi, ya turo ƙanwarsa Jummai, ya turo liman, a banza. Da dabara ta ƙare masa sai ya yi abin da ya iya. Ya ciro kan ubansa daga hoton rumbu, ya ɗora shi a kan wata farar babbar riga a kwamfuta, ya gyara inuwa, ya gyara haske, kwana uku yana yi. Ya wanke shi babba ya sa a gilashi ya kai mata. Duk wanda ya gani a gidan ya ce Malam ne sak.

Inna Saude ta kai shi bakin ƙofa wurin haske, ta daɗe tana dubawa. Ta ce, "Kan nashi na. Cikin ga hwa na wa na? Malam bai taɓa aje tumbi ba. Maida ma Alhajin rigatai, ka yi mai godiya."

Dogo ya koma Ƙonni da hotonsa a hammata. Kunyar da ya ji ranar ta fi ta kowace rana, don ya gane sau biyu ke nan yana sa wa ubansa kayan wani.

Bara da kaka Jummai ta kira shi a waya ta ce Inna ta fara laluben ƙofa, yanar ido ta rufe mata ido ɗaya, ɗayan ma ya soma. Jikinta kuma ba daɗi. In yana da abin da zai nuna mata, ya hanzarta.

Ba shi da komai sai kasat ɗin. Madam ta kwafi abin da take so tun a lokacin ta bar masa nasa, yana cikin wani gwangwanin madara a ƙasan akwati. Ya san inda yake sarai, shekara ashirin bai taɓa kunna shi ba, don me zai kalla wanda talabijin ba ta nuna masa ba? Ranar dai ya rufe shago da hantsi, ya kakkaɓe tsohuwar kyamarar, ya mayar da kasat farko ya danna.

Bai ga rumbu ba. Fari ya gani ya cika allo, da ɗan aikin zare a gefe, farin yana hawa yana sauka a hankali. Sai da ya ɗan jima ya gane numfashi ne. Ashe ranar, saboda sauri, ya haɗa koyarwar tsohon maigidansa biyu wuri guda: ya bar bakin kasat yana gudu yayin da yake gwada fari. Ga ubansa cikin rigar Sallah, daƙiƙa ashirin da shida, babu kai babu ƙafa.

Washegari ya kai wa tsohuwar a kwamfuta. Ya ce, "Inna, ba hoton da kinka ce ba na. Huska ba ta hito ba. Shi kaɗai gare ni."

Ta matso da idon da ya rage har hancinta na taɓa allo. Fari na hawa yana sauka. Sai murya ta fito, ƙasa-ƙasa, da dariya a cikinta.

"Dogo, ta ga hwarin? In tuɓe?"

Muryar wani saurayi mai gaggawa ta ce, "Tuɓe, Baba."

"Saude, amshi, riƙa mani. Kak ki ninke ta, yanzu za ni maida ta yaro shi ɗauke ni."

Farin ya yi sama, allo ya yi duhu.

Ta ce ya maimaita. Ya maimaita sau huɗu. Ba ta yi kuka ba, shi ne ya yi, namiji mai furfura, a gaban Jummai da kaji. Tsohuwar ta dafa bango ta miƙe ta ce, "Kahwa abin naka." Ta shige ɗaki.

Jummai ta bi ta da gudu tana cewa a ciro leshin da Dogo ya kawo da Sallah. Dogo ya kafa kyamara, ya zaɓi inuwar bishiyar bedi inda haske ya fi taushi, ya shimfiɗa sabuwar tabarma.

Inna Saude ta fito da zanen da take sussuka da shi, wanda ya koɗe har ba a gane launinsa, da wata riga mai ɓarakar kafaɗa. Ta wuce tabarmar ko kallo, ta lallaba ta zauna a ƙasa gindin rumbu.

Dogo ya ce, "Inna, leshin hwa?"

Ta ce, "Shi cikin tsumma, ni cikin leshi? Jikoki su ce mi? Ɗauke ni haka, ka aje mu wuri guda."

A hannunta akwai wani dogon abu lulluɓe da tsohon zane. Ta warware. Farar rigar ce, ba alamar ninki ko ɗaya a jikinta, sai shacin igiyar da ta shekara ashirin rataye a kai.

Jummai ta riƙe baki ta ce, "Inna, ashe tana wurinki anka yi ta biɗa?"

"Wagga ba gado ta ba, ajiya ta." Ta ɗaga rigar da hannu biyu ta tare ƙirjinta da ita, ta fuskanci inda take jin motsin ɗanta. "Na ji abin naka ba ya aiki sai ya ga hwari. Gwada."

Dogo ya sa ido a kyamara. Rigar ta daɗe da daina zama fari, hayaƙin ɗaki da shekaru sun mayar da ita ruwan ƙwai. Ya san in ya ce wa kyamara wannan ne fari, duk hoton zai fito da shuɗi-shuɗi, fuskar tsohuwar da rumbun da sararin sama, irin aikin da tsohon maigidansa zai kore shi a kai. Akwai farar takarda sabuwa fil a aljihunsa.

Ya jawo rigar da idon kyamara har ta cika allo, ya danna maɓallin.

Ya ce, "Ta gani, Inna."

Ta sauke rigar a cinyarta, ta shafa ta sau ɗaya, ta fara ninkewa.